Norman Thomas: Daga Mumbarin Coci Zuwa Fagen Siyasar Talakawa

(Kiɗan buɗe shiri)

 A wannan fili muna waiwayar rayuwar mutanen da suka gabata domin mu tsinci abin da zai amfane mu. 

Yau za mu ƙetare teku zuwa Amurka, mu ɗauko labarin wani mutum mai suna Norman Thomas. Limamin coci ne, ɗan limamin coci, jikan limaman coci. Ya ajiye wannan aiki ya shiga siyasa, ya tsaya takarar shugabancin Amurka har sau shida, kuma duk sau shidan ya sha kaye. Ya nemi gwamna, ya nemi magajin gari, ya nemi sanata, bai taɓa hawa ko kujera ɗaya ba har ya koma ga Mahaliccinsa. Duk da haka, sunansa bai ɓace ba, alhali da yawa daga cikin waɗanda suka kayar da abokan takararsu a wancan zamani yau ba mai tunawa da su.

Tambayar da za mu riƙe a zuciya har ƙarshen shirin ita ce: da wane mudu ake auna ɗan siyasa? Da yawan kujerun da ya hau, ko da abin da ya tsaya a kai lokacin da tsayawar ke da tsada? Ku gyara zama, ku biyo ni.

(Kiɗa ya ɗan tashi, ya sauka)

An haifi Norman Thomas ranar 20 ga Nuwamba, 1884, a wani ƙaramin gari mai suna Marion a jihar Ohio. Shi ne babba a cikin 'ya'ya shida. Mahaifinsa, Welling Thomas, fasto ne a cocin Firesbiteriyan. Mahaifiyarsa, Emma, 'yar wani mai wa'azin mishan ce da ya yi shekaru yana aiki a ƙasar Siyam, wadda yau ake kira Tailan.

Bari mu ɗan tsaya a kan wannan suna, Firesbiteriyan, domin yana da alaƙa da halin mutumin. Asalin kalmar daga harshen Girka take, ma'anarta dattijo. Wannan ɗarika ta Kirista ta yi ƙarfi ne a ƙasar Sikotlan, daga nan ta bazu zuwa Amurka da wasu ƙasashe, har da Najeriya, inda ta kafu a Kalaba tun 1846. Abin da ya bambanta ta shi ne ba bishop ne ke mulkin coci ba. Jama'ar coci ne ke zaɓen dattawa, dattawan su zauna da fasto su yi shawara su yanke hukunci. Yaron da ya tashi a irin wannan gida ya saba da abu biyu tun yana ƙarami: shugabanci amana ce da jama'a ke bayarwa, kuma kowane mutum zai amsa tambayar abin da ya aikata shi kaɗai a gaban Ubangijinsa.

Gidan fasto a ƙaramin gari ba gidan wadata ba ne. Norman yakan tashi daga makaranta ya zagaya gari yana raba jaridar Marion Star. Mai wannan jarida kuwa shi ne Warren Harding, wanda daga baya ya zama shugaban Amurka. Ku riƙe wannan suna, za mu sake haɗuwa da shi.

Da ya gama sakandare sai ya yi shekara guda a Jami'ar Bucknell, sannan ya koma Jami'ar Princeton, inda ya kammala a 1905, shi ne kan gaba a ajinsu. Cikin malaman da ya zauna a gabansu akwai Woodrow Wilson, shugaban jami'ar a lokacin, wanda shi ma ɗan faston Firesbiteriyan ne, shi ma kuma daga baya ya shugabanci Amurka. Wannan suna ma ku riƙe shi.

Matashin da ya fito daga Princeton da irin wannan sakamako, ƙofofin arziki a buɗe suke gabansa. Shi kuwa sai ya nufi birnin Niyok, ya kama aiki a wani gidan taimakon marasa galihu da ke titin Spring. A nan idonsa ya buɗe. Ya ga iyali guda cunkushe a ɗaki ɗaya marar taga. Ya ga tarin fuka yana cin mutane saboda cunkoso da rashin iska. Ya ga magidanci ya wuni yana aiki a masana'anta, amma abin da ya kawo gida bai kai ga cefane ba. An ce gani ya kori ji, kuma abin da ya gani a waɗannan unguwanni bai sake barin zuciyarsa ba.

Daga nan ya shiga makarantar horar da limaman coci ta Union da ke Niyok. A lokacin akwai wata fahimta da ke yaɗuwa a tsakanin wasu malaman Kirista na Amurka, wadda za mu iya kira bisharar gyaran al'umma. Jagoranta shi ne Walter Rauschenbusch, wani fasto da ya yi aiki a ɗaya daga cikin unguwannin talakawa na Niyok. Abin da suke cewa shi ne: zunubi ba a zuciyar mutum ɗaya kawai yake zama ba, yana iya zama a cikin tsarin kasuwa, da albashi, da haya, da dokar ƙasa. Wanda ya yi wa mayunwaci wa'azin haƙuri, bai tambayi wanda ya cinye gumin mayunwacin ba, ya yi rabin aiki ne. Wannan koyarwa ta shiga jikin Norman Thomas sosai.

A 1910 ya auri Violet Stewart, 'yar gidan masu hali wadda ta zaɓi aikin kula da marasa lafiya a unguwannin talakawa. A 1911 aka naɗa shi fasto. A cikin watan Maris na shekarar ne gobara ta tashi a wata masana'antar ɗinki mai suna Triangle a Niyok, mutum 146 suka mutu, galibinsu 'yan mata baƙi daga wasu ƙasashe, saboda an kulle ƙofofin fita. A irin wannan birni sabon fasto ya fara aiki.

Yana da zaɓi. Ya riga ya yi aikin mataimaki a cocin Brick da ke babban titin attajirai na Niyok, inda masu faɗa-a-ji ke ibada. Da ya so, da a can zai yi zamansa cikin rufin asiri. Sai ya ɗauki matarsa suka koma Harlem ta Gabas, unguwar baƙi 'yan Italiya da 'yan Hangari da sauransu, ya karɓi wani ƙaramin coci. Shekara bakwai ya yi a wurin yana wa'azi, yana nema wa marasa aiki aiki, yana binne yaran da talauci ya kashe. Sannu a hankali ya fara tambayar kansa: har yaushe za mu yi ta kwashe ruwa daga ɗaki, ba mu hau mun gyara rufin da ke yoyo ba?

(Kiɗa kaɗan)

Masu sauraro, abin da ya raba shi da mumbari shi ne yaƙi. Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke a Turai a 1914. Tsohon malaminsa Woodrow Wilson, wanda yanzu shi ne shugaban ƙasa, ya sake cin zaɓe a 1916 magoya bayansa suna yabonsa da cewa ya hana Amurka faɗawa yaƙi. Watanni kaɗan bayan haka, a Afrilun 1917, Amurka ta shiga yaƙin. Aka kafa dokar tilasta wa samari shiga soja, aka kuma kafa dokokin da suka sa sukar yaƙin ta zama abin da ke iya kai mutum kurkuku. Yawancin limaman coci suka bi sahu, suna sa wa yaƙin albarka daga kan mumbari.

Norman Thomas ya ce shi lamirinsa bai ɗauki wannan ba. A fahimtarsa, ba zai iya haɗa koyarwar Almasihu da tura samari su kashe juna domin rikicin manyan dauloli ba. Ya shiga wata ƙungiyar Kiristoci masu ƙin yaƙi, ya kuma haɗa kai da Roger Baldwin da wasu suka kafa ofishin kare haƙƙin waɗanda ake tsangwama saboda ra'ayinsu. Wannan ofishi ne a 1920 ya zama ƙungiyar ACLU, wadda har yau take tsaya wa 'yancin faɗin albarkacin baki a kotunan Amurka.

Yaƙin ya ratsa har cikin ɗakin mahaifiyarsa. Su huɗu ne maza. Biyu, Ralph da Arthur, suka sa kakin soja, har Ralph ya samu rauni a Faransa. Biyu kuma, Norman da Evan, suka ƙi yaƙin. Evan ya ƙi bin umarnin soja, kotun soja ta yanke masa ɗaurin rai-da-rai, daga baya aka rage zuwa shekara 25. A gidan yarin soja na Leavenworth an kulle shi shi kaɗai, ana ɗaure hannayensa a jikin ƙarafan ƙofa yana tsaye na sa'o'i masu yawa kowace rana, kafin a sake shi a farkon 1919. Ku dubi halin wannan uwa: ɗa ɗaya yana jinyar raunin yaƙi, ɗaya yana ɗaure saboda ya ƙi yaƙin. Abin lura shi ne saɓanin bai yanke zumuncinsu ba.

A ƙarshen 1917 aka yi zaɓen magajin garin Niyok. Ɗan takarar da ya fito fili yana adawa da yaƙin shi ne Morris Hillquit na Jam'iyyar Gurguzu, kuma fasto Thomas ya mara masa baya a bainar jama'a. Nan take attajiran da ke tallafa wa ayyukan cocinsa suka fara janye hannu. Ya gane cewa ra'ayinsa zai jawo wa talakawan da ke cin moriyar cocin asara. Hausawa suka ce kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Shi bai yarda ya yi wannan askin ba, bai kuma yarda wasu su biya bashin ra'ayinsa ba. A 1918 ya ajiye aikin, yana da mata da ƙananan yara, ya karɓi katin Jam'iyyar Gurguzu ta Amurka.

Gaskiyar tarihi ta sa mu ƙara da wannan: da tafiya ta yi tafiya, riƙonsa ga wasu aƙidun coci ya yi rauni. Bai ajiye muƙamin fasto a hukumance ba sai a 1931, bayan rasuwar mahaifiyarsa. Amma duk wanda ya saurari jawabinsa ya san inda aka rene shi. Muryar mai wa'azi ce, kuma ma'aunin da yake ɗora komai a kai shi ne halal da haram na ɗabi'a, adalci da zalunci.

Za mu je ɗan gajeren hutu. Idan mun dawo za mu ji abin da yake nufi da gurguzu, da yadda ta kaya a fagen zaɓe.

(Hutu)

Barkanmu da dawowa. Ga wanda ya kama mu yanzu, muna kan tarihin Norman Thomas ne, limamin cocin Amurka da ya zama jagoran 'yan gurguzu.

Idan aka ce gurguzu, da yawa daga cikinmu abin da ke zuwa mana a rai shi ne Tarayyar Sobiyet: jam'iyya ɗaya, rufe wuraren ibada, tsare duk wanda ya yi magana. Wannan kwaminisanci ne, kuma Thomas ya yi faɗa da shi. Ya je Tarayyar Sobiyet a 1937, lokacin da shugabanta Stalin ke kashe abokan tafiyarsa bayan shari'o'in boge, ya dawo yana faɗa wa duniya cewa mulkin kama-karya ne. Gurguzun da shi yake kira gare shi ta akwatin zaɓe ake kawo shi, ta akwatin zaɓe kuma ake iya kawar da shi. Yana son manyan abubuwan da rayuwar kowa ta rataya a kansu, kamar bankuna, jiragen ƙasa, wutar lantarki da ma'adinai, su zama mallakar jama'a maimakon 'yan tsirarun masu jari. Yana son ma'aikaci ya samu murya a wurin aikinsa, kuma kada tsufa ko rashin lafiya ko rasa aiki su mayar da mutum mabaraci.

Kafin shi, jagoran jam'iyyar shi ne Eugene Debs, tsohon ma'aikacin jirgin ƙasa. An yanke wa Debs ɗaurin shekara 10 saboda jawabin da ya yi na sukar yaƙi a 1918. Daga cikin kurkuku ya tsaya takarar shugaban ƙasa a 1920, ya samu ƙuri'a sama da 900,000. Wilson ya ƙi sakinsa. Wanda ya buɗe masa ƙofa a Disambar 1921 shi ne Warren Harding, mai jaridar nan da Norman ya raba yana yaro. Da Debs ya rasu a 1926, sai tutar ta koma hannun Thomas.

Takararsa ta farko a 1928 ta kawo ƙuri'a kusan 267,000. Shekara guda bayan haka, a Oktobar 1929, kasuwar hannun jari ta Niyok ta rushe, tattalin arzikin Amurka ya durƙushe. Bankuna dubbai suka rufe da ajiyar mutane. Kafin 1933, kusan mutum ɗaya cikin kowane ma'aikata huɗu ba shi da aiki. Magidanta suka shiga layin karɓar abincin sadaka. A zaɓen 1932 Thomas ya zagaya ƙasar yana kira da a kafa fansho ga tsofaffi, da tallafi ga wanda ya rasa aiki, da mafi ƙarancin albashi, da rage sa'o'in aiki, da haramta sa ƙananan yara aikin ƙarfi. Ya samu ƙuri'a kimanin 884,000, mafi yawa da ya taɓa samu. Franklin Roosevelt ne ya lashe zaɓen.

Sai ga abin da ya biyo baya. A 1935 gwamnatin Roosevelt ta kafa dokar fansho da tallafin rashin aiki, ta kuma kafa dokar da ta tabbatar wa ma'aikata 'yancin kafa ƙungiyar ƙwadago. A 1938 aka kafa mafi ƙarancin albashi, aka ƙayyade sa'o'in aiki, aka taƙaita aikin yara. Ba Thomas kaɗai ne ya jawo waɗannan ba. Yunwa, da yajin aiki, da gwagwarmayar ƙungiyoyin ƙwadago duk sun yi nasu. Amma abubuwan da ake yi wa 'yan gurguzu dariya a kansu shekaru da yawa, su ne suka zama dokar ƙasa. Shi kansa bai gamsu ba. A ganinsa Roosevelt ya yi wa jari-hujja kwaskwarima ne domin ya cece ta, ya bar tushen cutar.

Nasarar manufofin kuma ita ta karya jam'iyyar. Ma'aikata suka koma bayan Roosevelt, rigingimun cikin gida suka raba kan 'yan gurguzu. Tsarin zaɓen Amurka ma ba ya tausayin ƙaramar jam'iyya, domin wanda ya zo na ɗaya shi ke kwashe komai, sai mai zaɓe ya ji tsoron kada ƙuri'arsa ta tafi a banza. A 1936 ƙuri'un Thomas suka faɗo zuwa kusan 187,000. Ya sake tsayawa a 1940, da 1944, da 1948, bai sake kusantar adadin 1932 ba.

(Kiɗa kaɗan)

To, masu sauraro, idan a akwatin zaɓe kaɗai za mu neme shi, labarin ya ƙare ke nan. Amma girman mutumin a wani wuri yake. Bari mu bi shi zuwa jihar Arkansas, ƙasar noman auduga.

A can akwai manoman kashi-mu-raba, baƙar fata da farare, waɗanda ba su da ko taƙi ɗaya na gona. Mai gona zai ba su fili da iri da bashin abinci daga kantinsa, idan kaka ta yi shi ke riƙe da littafin lissafi, kuma sau da yawa manomi ya tashi da bashi a kansa maimakon riba. A 1933 gwamnati ta fito da shirin biyan masu gonaki kuɗi domin su rage noman auduga, farashi ya tashi. An tsara cewa manoman za su samu kasonsu. Sai masu gonaki da yawa suka karɓe kuɗin, suka kori manoman daga gonakin da bukkokinsu. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Thomas ya je ya gani da idonsa a 1934, ya ƙarfafa wa mutanen gwiwa su haɗa kai. A shekarar, a wani ƙauye mai suna Tyronza, aka kafa ƙungiyar manoman haya ta kudancin Amurka, baƙaƙe da farare a inuwa ɗaya, a yankin da doka da al'ada suka hana su zama wuri guda. A Maris na 1935 ya koma domin yin jawabi a wani wuri mai suna Birdsong. Mutanen masu gonaki ɗauke da bindigogi suka janyo shi daga kan dandamali, suka kore shi daga yankin. Bai yi shiru ba. Ya hau rediyo ya bayyana wa Amurkawa abin da ke faruwa, ya kuma kai kukan har gaban Shugaba Roosevelt. Shugaban bai so ya ɓata da manyan sanatocin kudu da yake buƙatar ƙuri'unsu a majalisa ba. Waɗannan manoma, da yawansu an toshe musu hanyar yin zaɓe, ba su da ƙuri'ar da za su saka wa Thomas da ita. Ya tsaya musu ne domin an zalunce su.

Haka kuma a 1938, a birnin Jersey City, akwai magajin gari mai suna Frank Hague, wanda ya taɓa cewa shi ne doka. Ya hana ƙungiyoyin ƙwadago yin taro a birnin. Thomas ya je domin ya yi magana a dandalin gari. 'Yan sanda suka kama shi, suka sa shi a jirgin fito suka mayar da shi Niyok. Bayan 'yan makonni, a birnin Newark, 'yan daba suka yi masa ruwan ƙwai yana tsaye a kan dandamali. Ƙungiyar ƙwadago ta CIO ta kai Hague ƙara, kuma a 1939 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukunci cewa tituna da dandali na jama'a ne, hukuma ba ta da ikon hana taron lumana don kawai ba ta son abin da za a faɗa.

Mutum tara yake, bai cika goma ba, kuma shirin nan ba zai ɓoye kurakuransa ba. Ƙiyayyarsa ga yaƙi ta sa ya yi jinkirin yarda cewa Hitler ba ya jin wata magana sai ta ƙarfi. Ya yi ta kira kada Amurka ta shiga Yaƙin Duniya na Biyu, har a 1941 ya hau dandamali ɗaya da Charles Lindbergh, shahararren matuƙin jirgin sama, wanda daga baya ya fito yana ɗora wa Yahudawa laifin tura ƙasar yaƙi. Thomas ya nesanta kansa da wannan magana, kuma bayan harin da Japan ta kai Pearl Harbor a Disambar 1941 ya goyi bayan yaƙin, yana sa ido yana suka. Sannan a 1967 aka gano cewa wata cibiya da yake shugabanta ta karɓi kuɗin da asalinsu daga hukumar leƙen asiri ta CIA suke, ta hannun wata gidauniya. Ya ce bai san tushen kuɗin ba. Darasi ne ga duk mai jagorancin ƙungiya: ka san hannun da ke ciyar da tafiyarka.

Amma a cikin Yaƙin Duniya na Biyun nan ne kuma ya yi ɗaya daga cikin tsayuwarsa mafi daraja. A Fabrairun 1942 Roosevelt ya sa hannu a kan umarnin da ya sa aka kwashe mutane kimanin 120,000 'yan asalin Japan daga gidajensu a yammacin Amurka, aka zuba su a sansanoni da aka kewaye da waya. Kusan kashi biyu cikin uku 'yan ƙasa ne haifaffu, ba a tuhume su da laifin komai ba. Ƙasa tana cikin fushi, manyan masu rajin kare haƙƙi da yawa suka kama bakinsu, har shugabannin ƙungiyar ACLU da ya taimaka aka kafa suka yi sanyi. Thomas na cikin 'yan ƙalilan sanannun mutane da suka fito suka ce wannan zalunci ne. Ya kuma yi Allah wadai da jefa bam ɗin ƙare-dangi a Hiroshima da Nagasaki a 1945. Sai a 1988, shekara 20 bayan rasuwarsa, gwamnatin Amurka ta nemi gafarar waɗanda aka tsare, ta kuma kafa dokar biyan kowane mai rai a cikinsu dala 20,000. Gaskiya takan yi jinkiri a hanya, amma ba ta ɓata.

(Kiɗa kaɗan)

Matarsa Violet, wadda ta riƙe gida ta kuma tallafa masa da dukiyarta duk tsawon gwagwarmayar, ta rasu a 1947. Bayan 1948 bai sake tsayawa takara ba, amma bai zauna ba. A 1957 yana cikin waɗanda suka kafa ƙungiyar neman dakatar da gwajin makaman nukiliya. A Agustan 1963 yana wurin babban gangamin Washinton na neman 'yancin baƙar fata, tare da tsohon abokinsa A. Philip Randolph, jagoran ƙwadago na baƙar fata. A 1965 Martin Luther King, jagoran gwagwarmayar 'yancin baƙar fata, ya rubuta maƙala sukutum a kansa, inda ya kira shi mutumin da ya fi kowa jarumta a cikin waɗanda ya taɓa haɗuwa da su.

Ya haura shekara 80, idanunsa sun kusa rufewa, ciwon gaɓoɓi ya sa sai an riƙe shi yake hawa dandamali, amma yana zagaya jami'o'i yana sukar yaƙin Biyetnam. Da ya ga wasu matasa masu zanga-zanga suna ƙona tutar ƙasarsu, sai ya ja kunnensu cewa tutar wanki take buƙata, ba wuta ba. Wato mai son ƙasarsa yana gyara ta ne, ba ya tozarta ta. Ya rasu ranar 19 ga Disamba, 1968, a jihar Niyok, yana da shekara 84.

Yanzu mu koma ga tambayarmu ta farko. Ba mun kawo wannan tarihi ne domin kowa ya zama ɗan gurguzu ba. Mutanen kirki sun saɓa da shi a kan batun mallakar bankuna da masana'antu, kuma har yau ana muhawara a kai. Abin da muke so a ɗauka shi ne halinsa. Ya bar aiki mai rufin asiri domin kada ya faɗi abin da zuciyarsa ba ta yarda da shi ba. Ya tsaya wa manoman da ba su da ƙuri'a, da baƙin da kowa ya juya wa baya. Ya faɗi zaɓe sau shida bai tayar da fitina ba, bai kuma sayar da aƙidarsa domin a ba shi muƙami ba. Ya soki zalunci a gidan abokan hamayya, ya soke shi a gidan waɗanda ke kiran kansu 'yan'uwansa a aƙida.

Kira gare ku malamai da limamai, na masallaci da na coci: jama'a sun ba ku kunnuwansu, kada ku bar kyautar mai kuɗi ko mai mulki ta zaɓa muku abin da za ku faɗa da abin da za ku yi shiru a kai. Ku kuma matasa masu sha'awar siyasa, ku fara tambayar kanku abin da za ku tsaya a kai ko da za ku faɗi, kafin ku tambayi kujerar da za ku nema. Mu kuma masu jefa ƙuri'a, mu daina raina ɗan takara don kawai ba shi da abin rabawa. Mu saurari abin da yake faɗa, mu duba inda ya tsaya ranar da aka taka marar gata.

A nan za mu dasa aya.  Sai Allah ya kai mu mako mai zuwa, a wannan rana, a daidai wannan lokaci. Allah ya ba mu shugabanni masu tsoron Sa da tausayin talakawa, ya zaunar da ƙasashenmu lafiya. Mu kwana lafiya.

(Kiɗan rufe shiri)